"Kasuwa!": Tulin Katin da Kowa Ke Gudu a Wasan Whot

Bayan la'asar, idan rana ta yi sanyi a garin Birnin Gwari, ba a rasa samari a gefen teburin mai shayi ko a inuwar bakin tasha, sun yi zobe a kan tabarma, kowa ya rufe katunansa da tafin hannu. Wanda ya tsaya kallo na ɗan lokaci zai ji kalma ɗaya tana ta dawowa, wani sa'in da dariya, wani sa'in da tsaki: "Kasuwa!" Babu mai miƙewa, babu mai laluba aljihu. Wanda aka faɗa wa sai ya kai hannu tsakiyar tabarma, inda aka kife ragowar katunan da ba a raba ba, ya zari na sama, ya leƙa, fuskarsa ta faɗi abin da ya samo.

Wannan tulin da aka kife shi ne kasuwa. A kudancin Najeriya da cikin barikoki "maket" ake ce masa, a Arewa kuwa ana jin duka biyun, amma bakin Bahaushe ya fi sakewa da nasa. Kalmar tana aiki iri uku. Suna ce ta tulin kansa, kamar a ce "kasuwa ta kusa ƙarewa". Umarni ce ga wanda ba shi da katin da zai ajiye, "je kasuwa". Sannan hukunci ce, domin wanda ya karya doka, misali ya rage da kati ɗaya bai sanar ba, kasuwa ake tura shi ya ƙaro. Da wuya a sami wata kalma a wasan da ta ɗauki nauyi kamar wannan, kuma wanda ya gane ta ya gane Whot.

Fakitin da aka saba saye a shagunan Najeriya kati 54 ne. Masu da'ira 12 ne, masu kusurwa uku su ma 12, masu gicciye 9, masu kusurwa huɗu 9, masu tauraro 7, sai katunan Whot guda 5 da ke ɗauke da lamba 20. 'Yan wasa suna kiran siffofin bol, angul, kuros, kafet da sita. Babu lamba 6 ko 9 a cikinsu gaba ɗaya. Dokar asali mai sauƙi ce: ka ajiye katin da ya yi daidai da na ƙasa a siffa ko a lamba, wanda ya riga zubar da na hannunsa shi ya ci.

Abin lura shi ne babu wani umarni da aka rubuta a fuskar kati. Lamba ce da siffa kawai. Wasan Uno, wanda wani mai aski mai suna Merle Robbins ya ƙirƙiro a jihar Ohio ta Amurka a 1971, ya buga alamar "ƙara biyu" a kan katinsa ƙarara. Katin Whot mai lamba 2 kuwa bai ce komai ba. Duk ikon da yake da shi daga bakin 'yan wasa ya fito, shi ya sa kalmomin wasan su ne littafin dokokinsa.

Whot ya girmi Uno da shekara 36. Wani Bature ɗan Ingila, William Henry Storey, shi ya tsara shi, kamfaninsa ya yi masa rajista a 1935, daga baya kamfanin Waddingtons na birnin Leeds, mai buga Monopoly a Ingila a wancan lokaci, ya karɓe shi. Ya yi tashe a can a shekarun 1950 da 1960, sannan ya dusashe. A Najeriya ne ya sami gida. A yadda Turawa ke yinsa, katin Whot ne kaɗai ke da wani iko na musamman, wato mai shi ya zaɓi siffar da za a bi. 'Yan Najeriya suka ga wannan ya yi lami, suka zuba masa yaji.

Yanzu lamba 1 tana tsayar da kowa mai ita ya sake ajiyewa, ita ce "hol on". Lamba 8 tana tsallake na gaba. Lamba 2 tana sa na gaba ya ɗauki biyu, lamba 5 ya ɗauki uku, lamba 14 kuwa ita ce "janar maket", kowa ya je kasuwa in ban da wanda ya ajiye ta. Idan aka haɗa waɗannan da katunan Whot biyar, sai a tarar kati 27 ne masu iko, rabin fakitin cif. A cikinsu 14 ba su da wani aiki sai aika mutane kasuwa: biyu guda biyar, biyar guda biyar, sha huɗu guda huɗu, tunda tauraro ba shi da 14. Ke nan fiye da kati ɗaya cikin kowane huɗu takardar aike ce zuwa wannan tuli.

A ɗauki misali. Mutum huɗu suka zauna, aka raba wa kowa biyar, aka buɗe ɗaya a ƙasa, kasuwa ta rage da 33. Wasa ya yi nisa, wani magidanci ya rage da kati biyu, kuros 7 da kafet 11, yana ganin ci ya matso. Ƙanensa da ke gabansa a layi ya daɗe yana lura da cewa duk lokacin da tauraro ya faɗo, yayan nasa kasuwa yake zuwa. Sai ya fitar da 20 ɗin da ya ɓoye tun farko, ya ɗora, ya ce, "Yaya, a yi haƙuri, sita nake so." Yayan ya girgiza kai, ya ce, "Kai dai yaron nan ba ka da tausayi," ya kai hannu ya zaro angul 12. Da yana da kati biyu, yanzu uku, kuma in aka tashi ƙirga maki 30 ne a kansa.

Ƙanen bai yi wannan da ka ba. Idan aka nemi tauraro, katunan da za su iya amsawa 11 ne kacal a duk fakitin, taurari bakwai da ragowar Whot huɗu. Idan bol aka nema, 16 ne. Tsofaffin 'yan wasa ba sa yin wannan lissafi da alƙalami, amma hannunsu ya san shi. Sun kuma san farashinsa: a wajen ƙirga, tauraro ninki biyu ake lissafa shi, don haka wanda ya riƙe sita 8 don ya azabtar da wasu, in wasa ya ƙare tana hannunsa, 16 za a rubuta masa. Katin da ya fi tura mutane kasuwa shi ne kuma ya fi tsadar riƙewa, kuma wannan ma'auni yana cikin abubuwan da suka sa wasan bai gundiri mutane ba.

To, me ya sa kasuwa, alhali ba a sayen komai? Amsar tana cikin yadda mutane ke zuwa kasuwa ta gaskiya. Ba wanda yake da abu a gida da zai tafi nemansa. Rashi ke kai mutum. In ya je, abin da ya tarar shi zai ɗauko, ba lallai abin da ya fito nema ba, kuma zai dawo da kaya a ka. Hausawa sun ce kasuwa a kai miki dole, kuma dolen nan ita ce zuciyar kalmar a Whot. Turawan da suka ƙirƙiro wasan tulin ɗauka kawai suke ce masa, suna maras ɗanɗano. Wanda ya fara ce masa kasuwa ya fi su fahimtar abin da ke faruwa a zuciyar ɗan wasa lokacin da yake miƙa hannu: akwai takaici, akwai kuma ɗan sa rai, domin wani lokaci mutum yakan je dole ya dawo da 20.

Akwai wani jinsin karta da ya mamaye Amurka, Turai da Japan tun shekarun 1990, wanda ake kira kartar musaya ko kartar tarawa. A nan ba fakiti ɗaya ake rabawa ba. Kamfani yana buga dubban katuna daban-daban, kowanne da zanensa da rubutun abin da yake yi, ana sayar da su a ƙananan ledoji a rufe, kowane ɗan wasa ya tara, ya yi musaya, ya gina nasa tulin ya zo da shi. Na farkonsu shi ne Magic: The Gathering, wanda masanin lissafi Richard Garfield ya tsara, kamfanin Wizards of the Coast ya fitar a 1993. Kartar Pokémon ta biyo baya a Japan a 1996, sai Yu-Gi-Oh! ta kamfanin Konami a 1999. Yaran Kaduna da Kano da suka taso da tauraron ɗan'adam sun san biyun ƙarshe ta finafinan zane, ko da ba su taɓa riƙe katin ba.

A Magic, tulin da ake ɗauka daga cikinsa sunansa laburare, domin ɗan wasa a matsayin boka yake, katunan kuma littattafan sirrinsa. Inda ake jefa waɗanda aka yi amfani da su sunansa maƙabarta. Kowa yana zuwa da aƙalla kati 60, ya fara da bakwai a hannu, ya ɗauki ɗaya a kowane zagaye. A nan ne komai ya juye. Abin da ɗan Whot ke gudu shi ne abin da ɗan Magic ke biyan kuɗi ya samu, domin ba zubar da kati ne ci ba, kashe abokin karawa ne, kuma kowane kati makami ne.

Misali mafi kyau yana cikin Yu-Gi-Oh!. Akwai kati mai suna Pot of Greed, wato tulun haɗama, wanda duk aikinsa shi ne mai shi ya ɗauki kati biyu. Shi ke nan. Amma ƙarfinsa ya kai an haramta shi a gasa tun 2005. "Ɗauki biyu" ɗin da ke sa saurayi a Birnin Gwari ya yi tsaki, a Tokyo garaɓasa ce da ta yi yawa har hukumar wasa ta hana. A Magic kuwa akwai Ancestral Recall, mai ba da kati uku a farashi mafi ƙanƙanta, yana cikin katuna tara mafi ƙarfi da aka taɓa bugawa, kuma a mafi yawan gasa ba a yarda da shi ba.

A tsakiyar shekarun 1990 wani ɗan wasa a California, Brian Weissman, ya mayar da wannan fahimta ta zama ilimi. Ya nuna cewa wanda ya fi yawan kati a hannu, in wasa ya yi tsawo, shi ke ci, ko da a farko kamar ana dukansa. Tulin da ya gina kusan duk na tsaro ne da na ɗaukar kati da na zubar da katin abokin karawa, makaman kai hari 'yan kaɗan. Daga nan kalmar "rinjayen kati" ta shiga bakin 'yan wasa: in katinka ɗaya ya cinye nasa biyu, ka ci riba ɗaya. Ɗan Whot ma yana da irin wannan lissafi, amma a kife. In ya ajiye 14 a wasan mutum huɗu, hannunsa ya ragu da ɗaya, hannayen abokan karawa sun ƙaru da uku.

Kalmar da ta fi kusa da tamu ita ce wadda Turawa ke furtawa "mil", ma'anarta niƙa. Ta samo asali daga wani kati mai suna Millstone, dutsen niƙa, da ya fito a jerin Antiquities a 1994. Aikinsa shi ne ya kwashe kati biyu daga saman laburaren abokin karawa ya zuba su a maƙabarta ba tare da ya taɓa su ba. Amfanin haka yana cikin wata doka: wanda lokacin ɗaukarsa ya zo ya tarar laburarensa babu komai, ya faɗi nan take, ko da ko ƙwarzane ba a yi masa ba. Pokémon da Yu-Gi-Oh! ma suna da irin wannan doka. Sai aka sami masu dabarar da ba sa kai hari ko kaɗan, suna zaune suna niƙe tulin mutum biyu-biyu har ya ƙare. Michael Loconto ya lashe gasar ƙwararru ta farko, wadda aka yi a New York a Fabrairun 1996, da tulin da ke ɗauke da wannan dutse.

Shekara 26 'yan wasa suna cewa "na niƙa shi", "an niƙe ni", alhali kamfanin yana rubuta doguwar jimla a kan kowane kati mai irin wannan aiki. Sai a 2020 ya sallama, ya mayar da kalmar 'yan wasa ta zama ta hukuma, ya fara buga ta a fuskar kati. Bakin jama'a ne ya riga, kamfani ya bi sahu. Kasuwar Whot ba ta sami wannan karramawa a fuskar kati ba, kuma ba ta buƙace ta ba.

Wani abin sha'awa shi ne Magic ma yana da kasuwa. A ƙarshen 1993 aka fitar da jerin katunan da aka gina kan labaran Dare Dubu da Ɗaya, waɗanda mai karatun Hausa ya sani sarai, a cikinsu akwai Bazaar of Baghdad, wato Kasuwar Bagadaza. Wanda ya shige ta zai ɗauki kati biyu ya zubar da uku. A lissafin Weissman wannan asara ce tsagwaronta, kuma an daɗe ana yi wa katin kallon haka. Sai aka fara buga katunan da ke tasowa daga maƙabarta, musamman daga 2005, wasu suka gane cewa zubarwar ita ce ribar. Suka koma niƙa nasu tulin da kansu, Kasuwar Bagadaza ta zama ɗaya daga cikin katuna mafi tsada a wasan. Da ɗan Whot aka ba wannan kati, tun ranar farko zai rungume shi, domin ɗauki biyu ka zubar da uku a wajensa ci gaba ne.

Idan kasuwa ta ƙare a Whot fa? A nan ne majalisu suka rabu. Wasu suna kwashe katunan da aka ajiye, su bar na sama, su gauraya sauran su kife, kasuwa ta sake ci. Wasu kuwa suna cewa wasa ya tsaya, kowa ya baje hannunsa a ƙirga, mai mafi ƙarancin maki ya ci, ko mai mafi yawa ya fita. Bambancin ba ƙarami ba ne. Inda ake ƙirga, mai ƙananan lambobi yana da dalilin ya so kasuwa ta ƙare da wuri, sai ya riƙa jefa 2 da 5 da 14 ba don ya gama ba, sai don ya cinye tulin. Wannan niƙa ce, ko da ba a kira ta haka ba. Inda ake sake gaurayawa kuwa, wannan dabara ba ta da amfani, haƙuri ne ke ci.

Shi ya sa direban da ya sauka daga Funtua ko Tegina, in ya nemi a raba da shi, yakan fara da tambaya kafin ya taɓa kati: "Malamai, biyar tana aiki a nan? Ana kare biyu da biyu? In kasuwa ta ƙare, ƙirga ne ko a sake?" Akwai inda ba a yarda mutum ya gama da kati mai iko ba, akwai inda sai ya sanar tun yana da biyu. Manhajojin Whot na waya sun tattara waɗannan sun mayar da su maɓallan da ake kunnawa da kashewa, abin da ya rage gardama, amma ya rage wannan 'yar tattaunawa da baƙo ke yi da 'yan gari, wadda ita kanta gaisuwa ce.

A Birnin Gwari, kalmar kasuwa ba ta da sauƙi a kunne kamar a wasu wurare. Masarautar tana yammacin jihar Kaduna, ta yi iyaka da Zamfara, Katsina da Neja, ƙasa ce ta noma mai fitar da masara da dawa da waken soya, babbar hanyar da ta taso daga Kaduna ta Buruku da Udawa ta ratsa ta zuwa kudu maso yamma. A gefenta dajin Kamuku yake, wanda aka mayar gandun daji na ƙasa a 1999, yana haɗe da dajin Kuyambana na Zamfara. Shekaru da dama 'yan bindiga suka mayar da waɗannan dazuka mafaka. Manoman ƙauyuka irin su Dogon Dawa, Kuyello, Randagi da Kakangi sun san lokacin da kai buhun masara kasuwa ya zama sayar da rai, motoci suna jiran rakiyar sojoji kafin su kama hanya.

A 2021 gwamnatin jihar, ƙarƙashin Malam Nasir El-Rufai, ta dakatar da kasuwannin mako-mako a ƙananan hukumomin Birnin Gwari, Giwa, Chikun, Igabi da Kajuru, da nufin toshe wa 'yan bindiga hanyar samun abinci da mai da sayar da dabbobin sata. A ƙarshen Satumba aka hana hawa babur, aka katse layukan waya a wasu sassa, ba a dawo da su ba sai ƙarshen Nuwamba. Kasuwar shanu ta garin kuwa ta daɗe a rufe tun kafin wannan, sai a Nuwamba 2024 Gwamna Uba Sani ya je ya buɗe ta bayan sulhun da aka ƙulla da 'yan bindiga. Bai kamata a ɗora wa wasan karta nauyin da ba nasa ba, kuma wanda ya rasa ɗan'uwa a hanyar Kaduna ba ya buƙatar a yi masa misali da kati. Amma gaskiya ne cewa mutanen da aka rufe wa kasuwa sun fi kowa sanin cewa zuwa kasuwa, ko da dole ce ta kai mutum, alama ce ta cewa gari yana numfashi. Gaskiya ne kuma cewa a watannin da waya ta mutu, fakitin kati 54 bai buƙaci sabis ko caji ba.

Babban abin da ya raba Whot da kartar musaya bai tsaya kan ko ɗaukar kati riba ce ko asara ba. Yana cikin wannan tambaya: tulin na wane ne? A Whot kasuwa ɗaya ce, ta kowa. Ɗan mai unguwa da yaron mota daga tuli ɗaya suke zara, 20 ɗin da ke ciki ba ta san fuskar kowa ba. A Magic kowa da laburarensa, kuma da kuɗi ake gina shi. Katin Black Lotus na bugun farko, wanda aka buga kimanin 1,100 kawai a 1993, an sayar da guda ɗaya dala 511,100 a 2021. A 2023 mawaƙi Post Malone ya sayi wani kati da aka buga ƙwaya ɗaya tak a duniya kan dala miliyan biyu. Tun 1996 kamfanin ya fitar da jerin tsofaffin katunan da ya yi alkawarin ba zai sake bugawa ba don kada farashinsu ya faɗi, Kasuwar Bagadaza tana ciki. Ba a musun cewa waɗannan wasanni suna da zurfi, gina tuli kansa fasaha ce da Whot ba shi da ita, kuma an ƙirƙiro tsare-tsaren gasa da ke rage tasirin aljihu. Duk da haka, ta fuskar adalci Whot ya fi kusa da dara, inda kowa ke zama da 'ya'ya goma sha biyu a gaban gurabe talatin, babu wanda ya zo da nasa daga gida.

Saura batun da duk uba a ƙasar Hausa zai fara tambaya idan ya ga karta, wato caca. Malamai ba su yi saɓani ba a kan cewa sa kuɗi a wasa haramun ne; saɓaninsu yana kan wasan da babu kuɗi, inda wasu suka ƙi shi saboda cin lokaci da shagaltarwa daga salla, wasu suka sassauta. Whot ana yinsa da kuɗi, ana yinsa babu, kuma ba a buƙatar gilashi a gane bambancin: inda aka sa kuɗi, "kasuwa" ba ta fitowa da dariya.

Magic ya fara ne da caca a cikin dokarsa. A 1993, kafin a soma wasa kowa yakan cire kati ɗaya daga tulinsa ya ajiye, wanda ya ci ya tafi da duka biyun. 'Yan wasa ba su so ba, dokokin caca na ƙasashe ma sun zama barazana, sai aka hana wannan a gasa, kuma bayan 1995 ba a ƙara buga katin da ya dogara da shi ba. Amma ledar da ake sayarwa a rufe tana nan, mutum ya biya kafin ya san abin da ke ciki, yana fatan ya tarar da katin da ya ninka kuɗinsa sau ɗari. A 2001 hukumar fatawa ta Saudiyya ta haramta wasan Pokémon da katunansa, caca na cikin dalilan da ta bayar. Idan waɗannan ledoji suka fara yawa a shagunan Kano da Kaduna, tambayar da za ta zo gaban malamai da iyaye ba irin ta Whot ba ce. A Whot ana duba ko an sa kuɗi a kan tabarma. A kartar musaya za a duba cinikin da aka yi a kanti tun kafin a zauna, domin a can ne ake biyan kuɗi a kan abin da ba a gani ba.